Me ake nufi da kalmar 'brane' a ilimin sararin samaniya?

Tun daga shekarar 1998 wata gajeruwar kalma ta Turanci ta shiga bakin masana kimiyyar sararin samaniya, har ta kai ga an rubuta dubban maƙaloli a kanta.

Kalmar ita ce 'brane', wadda ake furtawa kamar 'biren'. Ana amfani da ita ne wajen bayyana wani hasashe da ke cewa dukkan abin da muke gani, kama daga ƙasar da muke takawa zuwa taurari mafiya nisa, maƙale yake a jikin wani abu mai kama da tantani, wanda shi kuma yake cikin wani sarari da ya fi namu girma.

Idan hasashen ya tabbata, to zai warware wata matsala da ta daɗe tana ci wa masana tuwo a ƙwarya game da ƙarfin da ke janyo abubuwa zuwa ƙasa, kuma zai iya sauya bayanin da kimiyya ke yi a kan farkon samuwar sararin samaniya. Sai dai bayan fiye da shekaru 25 ana gwaje-gwaje, babu wanda ya samo shaidar da ta tabbatar da shi.

Asalin kalmar

An yanko 'brane' ne daga ƙarshen kalmar 'membrane', wadda ke nufin siririyar fata irin wadda Bahaushe ke kira tantani, kamar tantanin da ake rufe bakin kalangu da shi. Saboda haka a wannan bayani za mu riƙa cewa tantani.

Kalmar ta fara bayyana ne a rubuce-rubucen masana a ƙarshen shekarun 1980, kuma ana danganta sigarta ta 'p-brane' ga Paul Townsend na Jami'ar Kambirij da ke Ingila.

Akwai barkwanci a cikin sunan, domin a Turanci furucinsa ɗaya ne da na kalmar da ke nufin ƙwaƙwalwa. Wannan ya sa mai sauraron rediyo ko mai fassara ke iya zaton maganar ƙwaƙwalwa ake yi, alhali kuwa babu abin da ya haɗa su.

Shiyyoyin sarari

Kafin a fahimci tantani, sai an fahimci abin da masana ke nufi da shiyyoyin sarari.

Duk mai motsi a duniya hanyoyi uku ne ke gabansa. Zai iya yin gaba ko baya, zai iya yin dama ko hagu, zai kuma iya yin sama ko ƙasa. Waɗannan su ne shiyyoyi uku na sarari. Albert Einstein ya nuna cewa lokaci ma a haɗe yake da su, ya zama shiyya ta huɗu.

Harafin 'p' da ke cikin sunan yana wakiltar adadin shiyyoyin sarari da abu yake da su. Ɗigo ba shi da shiyya ko ɗaya, don haka lambarsa 0. Zare yana da tsawo kawai, lambarsa 1. Tabarma tana da tsawo da faɗi, lambarta 2. Sararin da muke rayuwa a ciki kuwa lambarsa 3.

Ke nan idan masani ya ce duniyarmu tantani ce, ba yana nufin shimfiɗaɗɗiya ce kamar faifai ba. Abin da yake nufi shi ne, tana da shiyyoyinta uku cikakku, amma idan aka dube ta daga wata shiyyar ta daban da ba mu iya shiga, to siririya ce ƙwarai.

Wannan sarari da ya ƙunshi ƙarin shiyyar, wanda tantanin ke cikinsa, shi ake kira 'bulk' a Turanci, wato babban sarari. Kalmomin biyu tare suke tafiya, ba a cika ambaton ɗaya ba tare da ɗayar ba.

Misali daga Ƙofar Ɗan Agundi

Wanda ya tsaya da yamma a Ƙofar Ɗan Agundi da ke jikin ganuwar birnin Kano, zai ga inuwar masu wucewa tana faɗawa a jikin bangon ƙofar.

Inuwar tana iya yin dama ko hagu, tana iya yin sama ko ƙasa, amma ba ta da ikon ɓallewa daga bangon ta tako zuwa titi. Da a ce inuwa tana da hankali, da sai ta ɗauka cewa bangon shi ne iyakar duniya, alhali ga motoci da masu babura da 'yan kasuwa suna ta kai-komo a gabanta. A wannan misali bangon shi ne tantani, titin da abin da ke kansa kuma su ne babban sarari.

Akwai kuma wata hanyar da shiyya ke iya ɓuya. A unguwar akwai babbar tashar wutar lantarki ta Ɗan Agundi, wadda wayoyi suka fito daga cikinta. Mai kallon waya daga nesa layi kawai yake gani, mai tsawo babu faɗi. Amma tururuwar da ke kan wayar tana iya zagaya jikinta ta dawo inda ta faro. Wato akwai wata shiyyar a naɗe, wadda ƙanƙantarta ce ta hana a gan ta.

Wannan hanya ta biyu ita masana suka fara tunani a kanta. A shekarar 1921 wani Bajamushe mai suna Theodor Kaluza ya wallafa lissafin da ya ƙara shiyya ta biyar a kan ƙa'idar Einstein, sa'an nan a 1926 Oskar Klein na ƙasar Suwidin ya ce shiyyar a naɗe take, kuma ta fi ƙwayar zarra ƙanƙanta nesa ba kusa ba.

Sabon abin da batun tantani ya zo da shi shi ne hanya ta farko, wato irin ta inuwa. Ba dole ba ne ƙarin shiyyar ta kasance ƙarama. Tana iya zama babba, amma mu ne muke ɗaure ba mu iya shigarta.

Alaƙa da ƙa'idar tsirkiya

Tun a 1983 wasu masana biyu na Tarayyar Sobiyet, Valery Rubakov da Mikhail Shaposhnikov, suka kawo irin wannan tunani, amma bai samu karɓuwa sosai ba sai da ya haɗu da ƙa'idar tsirkiya.

Ƙa'idar tsirkiya wani hasashe ne da ke cewa mafi ƙanƙantar abin da aka gina komai da shi ba ɗigo ba ne, 'yan mitsi-mitsin zarurruka ne da ke karkarwa. Kamar yadda tsirkiyar garaya guda ke fitar da amo iri-iri, haka kowace irin karkarwa ke bayyana a matsayin wata ƙwaya ta daban. Lissafin wannan ƙa'ida ba ya daidaita sai da shiyyoyi 10, wato tara na sarari da ɗaya na lokaci.

A shekarar 1995 abubuwa biyu suka faru. Edward Witten ya bayyana a wani taro a jihar Kalifoniya ta Amurka cewa nau'o'i biyar na ƙa'idar tsirkiya rassa ne na wata ƙa'ida guda mai shiyyoyi 11. A cikin shekarar ce kuma Joseph Polchinski ya nuna cewa tantani wani ginshiƙi ne na ƙa'idar, wanda ba za a iya yi babu shi ba.

Irin tantanin da Polchinski ya yi aiki a kansa ana kiransa 'D-brane'. Harafin D ya fito ne daga sunan Dirichlet, wani Bajamushe masanin lissafi na ƙarni na 19.

A cewar wannan lissafi, tsirkiya iri biyu ce. Akwai mai baki biyu, wadda dole ne bakunanta su kasance ɗaure a jikin tantani. Akwai kuma wadda ta zagaye kamar zobe, ba ta da bakin da za a ɗaure.

Ƙwayoyin da suka haɗu suka yi jikin mutum, da dutse, da iska, har ma da haske, duk ana iya ɗaukarsu a matsayin iri na farko, don haka ba su barin tantani. Wannan ne ma zai sa ba za a iya hango babban sarari da madubin hangen nesa ba, tun da hasken kansa ba ya fita. Abu guda da ke cikin iri na biyu shi ne girabiti, wato ƙarfin da ke janyo mangwaro ya faɗo ƙasa, yake kuma riƙe wata a kan hanyarsa.

Raunin girabiti

A nan ne amfanin kalmar ya fito fili.

Duk da cewa girabiti ne ke riƙe da duniya a kewayen rana, shi ne mafi rauni a cikin nau'o'in ƙarfi huɗu da masana fiziks suka sani. Ɗan ƙaramin mayen ƙarfe yana iya ɗaga allura daga ƙasa, alhali duniya baki ɗaya da nauyinta tana jan allurar. Tsakanin ƙwayoyin furoton biyu, ƙarfin lantarki ya ninka na girabiti sau lamba 1 da sifili 36 a bayanta.

Masana sun daɗe suna neman dalilin wannan tazara mai ban mamaki.

A shekarar 1998 Nima Arkani-Hamed da Savas Dimopoulos da Gia Dvali suka ce mai yiwuwa girabiti ba rarrauna ba ne, tsiyaya yake yi zuwa babban sarari, mu kuwa ragowar kawai ke iso mana. Kamar dai makaɗi ne ya bugi kalangu. Tantanin yana nan a ɗaure, amma amon ya bar shi ya bazu cikin iska. Sun lissafa cewa idan ƙarin shiyyoyin biyu ne, girmansu zai iya kaiwa kusan milimita guda.

A 1999 kuma Lisa Randall, wadda daga baya ta zama farfesa a Jami'ar Harvard, da abokin aikinta Raman Sundrum, suka wallafa maƙaloli biyu da suka yi fice.

A ta farko sun ce akwai tantani biyu suna fuskantar juna, kuma sararin da ke tsakaninsu a lanƙwashe yake. Girabiti yana da cikakken ƙarfinsa a jikin ɗaya, amma kafin ya iso wanda muke kai ya riga ya raunana matuƙa. A ta biyun sun nuna cewa ko da ƙarin shiyyar ba ta da iyaka, lanƙwasar za ta iya tattara girabiti a kusa da tantani, ta yadda ba za mu lura da wani bambanci ba.

Farkon samuwar sararin samaniya

Bayanin da mafi yawan masana suka amince da shi shi ne, sararin samaniya ya faro ne kimanin shekaru biliyan 13.8 da suka wuce daga wani yanayi na tsananin zafi da cunkushewa, wanda ake kira babbar fashewa, kuma tun daga lokacin yake ta buɗewa.

Masu nazarin tantani sun gano cewa a duniyar da ke jikin tantani, lissafin saurin buɗewar zai bambanta da wanda aka saba da shi a daƙiƙun farko, lokacin da cunkushewar ta yi tsanani. Amma dole ne bambancin ya gushe kafin mintunan farko, lokacin da aka samar da sinadarin hiliyam, domin adadin da aka auna na wannan sinadari ya dace da tsohon lissafi.

A 2001 wasu masana huɗu, Justin Khoury da Burt Ovrut da Paul Steinhardt da Neil Turok, suka ƙara gaba. Suka ce mai yiwuwa babbar fashewa karo ne tsakanin tantani biyu, kuma zafin karon ne ya haifar da haske da ƙwayoyin da suka zama taurari. Sun laƙaba wa hasashen suna daga wata kalma ta Girkanci mai nufin gobara.

Shekara guda bayan nan, Steinhardt da Turok suka ce karon yana iya maimaituwa, wato tantanin biyu su haɗu, su rabu, su sake haɗuwa bayan kimanin shekaru tiriliyan guda. Idan haka ne, babbar fashewa ba ita ce farkon lokaci ba a lissafin kimiyya. Masana da dama dai sun soki wannan ra'ayi, suna masu cewa babu cikakken lissafin da ya bayyana abin da ke faruwa a daidai lokacin karon.

An kuma yi ƙoƙarin amfani da tantani wajen bayyana dalilin da ya sa buɗewar sararin samaniya ke ƙara sauri, lamarin da aka gano a 1998. Dvali da Gregory Gabadadze da Massimo Porrati sun gabatar da wani tsari a shekarar 2000, amma daga bisani aka ga sigarsa ta asali ba ta dace da abin da aka auna ba.

Me gwaje-gwaje suka nuna?

An bi manyan hanyoyi uku wajen neman shaida.

Ta farko ita ce auna girabiti a ɗan gajeren zango. Dokar da Isaac Newton ya wallafa a 1687 ta ce idan aka ninka tazara tsakanin abubuwa biyu sau biyu, ƙarfin jan da ke tsakaninsu zai ragu zuwa kashi ɗaya cikin huɗu. Idan kuwa akwai ƙarin shiyya guda da girabiti ke shiga, zai ragu ne zuwa kashi ɗaya cikin takwas. Masu bincike a Jami'ar Washington da ke birnin Seattle na Amurka sun shafe shekaru suna wannan awo, kuma a 2020 suka ba da rahoton cewa dokar Newton tana nan daram har zuwa tazarar kusan kashi ɗaya cikin 20 na milimita. Wannan ya kawar da batun shiyya mai girman milimita.

Ta biyu ita ce babbar na'urar gwara ƙwayoyi ta cibiyar CERN, wadda ke cikin wani rami mai kewayen kilomita 27 a ƙarƙashin iyakar Faransa da Suwizalan, kusa da birnin Janeba. An fara kunna ta a watan Satumba na 2008. Wasu nau'o'in hasashen sun nuna cewa za ta iya samar da 'yan mitsi-mitsin baƙaƙen ramuka masu ɓacewa nan take, ko kuma a ga wani ɓangare na makamashi ya ɓace zuwa babban sarari. Batun ya tayar da hankalin wasu mutane, har aka shigar da ƙara a wata kotu a jihar Hawai ta Amurka ana neman a hana kunna na'urar, amma kotun ta kori ƙarar. Na'urar ta gano ƙwayar Higgs a 2012, amma ba ta nuna baƙin rami ko alamar ƙarin shiyya ba.

Ta uku ta zo ne daga sama. A ranar 17 ga watan Agusta na 2017, na'urorin LIGO na Amurka da Virgo na Italiya suka ji girgizar girabiti daga karon wasu matattun taurari biyu masu tsananin nauyi, a nisan da haske ke shafe kimanin shekaru miliyan 130 kafin ya ƙure. Hasken farko na karon ya iso ƙasa da daƙiƙa biyu bayan girgizar. Da a ce girabiti yana tsiyaya a kan hanya, da girgizar ta iso da rauni fiye da yadda nisan ya nuna. Ba a ga haka ba.

Waɗannan sakamako ba su kashe hasashen gaba ɗaya ba, domin ƙarin shiyyoyin na iya zama ƙanana fiye da abin da na'urori ke iya kaiwa. Amma sun taƙaita wuraren da zai iya ɓuya.

Yadda ake amfani da kalmar

A wajen masana, 'brane' ta fi hasashen sararin samaniya faɗi. Masu ƙa'idar tsirkiya suna amfani da tantani a matsayin kayan aikin lissafi, alal misali wajen nazarin baƙaƙen ramuka, ba tare da cewa muna rayuwa a jikin ɗaya ba. Idan ana nufin hasashen cewa duniyarmu ce tantanin, akan ce 'braneworld', wato duniyar tantani.

Kalmar ta kuma fita daga jami'o'i. Stephen Hawking ya yi bayaninta a littafinsa na 2001, Lisa Randall ma ta rubuta littafi guda a kan batun a 2005. Fim ɗin Interstellar na 2014, wanda masani Kip Thorne ya ba da shawara wajen shirya shi, ya gina wani ɓangare na labarinsa a kan babban sarari.

Akwai kura-kurai uku da aka fi yi. Na farko shi ne ɗaukar tantani a matsayin wani abu da aka gano, alhali lissafi ne da ke jiran shaida. Na biyu shi ne zaton cewa wuri ne da kumbo zai iya zuwa, alhali shi kansa kumbon da ƙwayoyin da ke ɗaure a tantanin aka ƙera shi. Na uku kuma shi ne haɗa shi da batun ruhi ko gaibu, wanda lissafin bai ce komai a kansa ba.

Afirka da wannan bincike

Ɗaya daga cikin masu hasashen karon tantani, Neil Turok, haifaffen birnin Johannesburg ne na Afirka ta Kudu. A shekarar 2003 ya kafa Cibiyar Kimiyyar Lissafi ta Afirka, wato AIMS, a kusa da birnin Cape Town, domin horar da ɗaliban nahiyar da suka kammala digiri na farko. Daga baya cibiyar ta buɗe rassa a wasu ƙasashe, ciki har da Senegal da Ghana da Kamaru da Ruwanda.

Wannan fanni dai ba ya buƙatar ɗakin gwaji mai tsada kafin a shiga cikinsa, domin akasarin aikin da alƙalami da kwamfuta ake yinsa, kuma ana sanya mafi yawan maƙalolin kyauta a intanet. Abin da ɗalibin fiziks a Jami'ar Bayero ta Kano ko Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ke buƙata shi ne ƙwarewa a lissafi mai zurfi da kuma malamin da zai yi masa jagora.

Masu binciken na ci gaba da sa ido kan sakamakon na'urar CERN da na'urorin jin girgizar girabiti. Kafin wani daga cikinsu ya nuna wani sabon abu, duk inda aka ji an ambaci tantani a labarin kimiyya, hasashe ake nufi, ba abin da aka tabbatar ba.